Jean Rouch (1917–2004): Mai Kyamarar Gaɓar Kwara da Rigimar Murya a Fina-finansa

A daren 18 ga watan Fabrairu na 2004 wata mota da ta taso daga Yamai za ta Tawa ta yi haɗari a kusa da Birnin Ƙonni, 'yar tazara kaɗan daga kan iyakar Illela. A cikinta akwai Moustapha Alassane, ɗaya daga cikin iyayen sinimar Nijar, da Damouré Zika, tsohon ma'aikacin lafiya kuma ɗan wasan fim, da wani dattijo Bafaranshe mai shekara 86 tare da matarsa. Duk sun tsira da rai in ban da dattijon. Shi ne Jean Rouch, mutumin da ya shafe fiye da shekara 50 yana ɗaukar fim a gaɓar kogin Kwara, ya bar fina-finai sama da 100, kuma masana tarihin sinima ke lissafa shi cikin waɗanda suka sauya yadda ake riƙe kyamara a ƙarni na 20.

A ƙasar Hausa ajali ya cim masa, amma ba kasafai sunansa ke fitowa a fagen nazarin Hausa ba. Dalilin a fili yake. Yawancin aikinsa a kan Songhai da Zabarmawa da Dogon ya yi shi, da Faransanci ya yi rubutu da sharhi, iyakar da Turawa suka shata kuwa ta raba ɗakunan karatu kamar yadda ta raba kasuwanni. Duk da haka zaren Hausa na ratsa aikin nasa, daga Sarkawa masunta zuwa 'yan hauka na Kurfai da zangunan Gana. Fiye da wannan ma, tambayar da ta bi shi tsawon rayuwarsa ita ce wadda ke gaban duk wanda ya ɗauki waƙar makaɗi ko wasan bori ya kai jami'a, wato idan an ɗauki mutane, muryar wa za a ji a kan hotonsu.

Daga gina gada zuwa gaɓar kogi

An haifi Jean Rouch a birnin Faris ranar 31 ga Mayu 1917. Mahaifinsa, Jules Rouch, hafsan sojan ruwa ne kuma masanin yanayi, wanda ya bi ayarin Jean-Baptiste Charcot zuwa yankin ƙanƙara na kudancin duniya tsakanin 1908 da 1910. Tun yana yaro uban ya kai shi kallon Nanook of the North, fim ɗin Robert Flaherty a kan rayuwar mutanen Inuit, kuma har tsufansa yana ɗaukar Flaherty a matsayin ɗaya daga cikin kakanninsa biyu a sana'a. Ɗayan shi ne Dziga Vertov na Rasha. Da ya tasa sai ya shiga babbar makarantar injiniyoyin gada da hanya ta Faris, amma lokacin hutunsa a wuraren kiɗan jaz da majalisun masu zane da ɗakin kallon tsofaffin fina-finai na Henri Langlois yake ƙarewa. A 1940, da Jamus ta afka wa Faransa, aka tura shi farfasa gadoji don a rage wa abokan gaba gudu. Injiniyan da aka koya wa gina gada da rushe ta ya fara aiki. A shekarar mamaya ta farko ne kuma ya riƙa halartar laccocin Marcel Griaule a gidan tarihin ɗan'adam, wato Musée de l'Homme.

A ƙarshen 1941 ya isa Yamai a matsayin injiniyan ayyuka, aka ɗora shi a kan gina hanyoyi. Bai kamata a tsallake wannan gaɓa da gaggawa ba, domin dubban mutanen da ke ƙarƙashinsa ba don son ransu suka zo ba. Aikin tilas ne, irin wanda Faransa ba ta soke ba sai a 1946, kuma a daidai shekarun da ake diban gwamna zuwa ramukan kuza na Jos. Mutumin da daga baya ya yi suna da zancen yin aiki tare da mutane a matsayin abokai, a matsayin ubangidan leburorin dole ya fara shiga Afirka, kuma shi da kansa bai ɓoye hakan ba.

A nan ya haɗu da Damouré Zika, wani saurayi daga zuriyar Sarkawa, ya ɗauke shi aiki. A damina ta 1942 aradu ta faɗa wa ma'aikatansa ta kashe 10. Damouré ya ce wannan aikin Dongo ne, iskan tsawa a wajen Songhai, kuma kakarsa Kalia ta san abin da ake yi. Rouch ya tsaya ya ga tsohuwar ta jagoranci bikin tsarkake gawarwakin, ya ga iska ya hau mutum ya yi magana da bakinsa. Ya rubuta abin da ya gani ya aika wa Griaule da Germaine Dieterlen. Ba a jima ba gwamnan mulkin Vichy ya kore shi daga Nijar bisa zargin goyon bayan De Gaulle, Théodore Monod ya ba shi mafaka a cibiyar bincike ta IFAN a Dakar, daga can ya shiga sojan Faransa har ya isa Berlin a 1945.

Muryar da aka ɗora masa

Bayan yaƙi shi da abokansa biyu, Jean Sauvy da Pierre Ponty, suka bi kogin Kwara a kwale-kwale tun daga mafarinsa a Gini har bakin teku a Nijeriya, tsakanin 1946 da 1947. Kafin tafiyar ya sayi tsohuwar kyamarar Bell & Howell mai faɗin milimita 16 a kasuwar gwanjo ta Faris. Maɗorinta mai ƙafa uku ya salwanta tun tafiya ba ta yi nisa ba, dole ya riƙa ɗauka da hannu, abin da ƙwararrun lokacin ke ganin ganganci ne. Wannan tsautsayi shi ya zama salonsa har abada. A tafiyar ne kuma ya lura da Sarkawa masu bin kogi suna su, waɗanda ya yi rubutu a kansu a mujallar Africa a 1950.

Abin da ya ɗauko na farautar dorina a wajen Ayoru ya sayar wa wani kamfanin labaran sinima, shi kuwa kamfanin ya yi yadda ya ga dama. An sauya jerin al'amuran, aka ɗauke bikin hawan iska da ake yi kafin farauta don neman izinin mai ruwa aka mayar da shi ƙarshe kamar shagalin cin nasara, aka ƙara kiɗa, aka kawo mai sharhi yana ta kururuwa kan duhun Afirka. Haka Au pays des mages noirs ya fita a 1947. Hotunan nasa ne, ma'anar ta wani ce. Darasin da ya koya a nan, cewa wanda ya riƙe almakashi da makirfo shi ne mai fim, ya bi shi har ƙarshe, ko da yake za a ga cewa bai kasance mai saurin miƙa waɗannan kayan biyu ga wani ba.

Fina-finan da suka biyo baya shi ya yi musu sharhi. Wanda ya ɗauka a kan girka, Initiation à la danse des possédés, ya ci kyauta a bikin Biarritz na 1949 wanda Jean Cocteau ya shugabanta. Ya kammala digirinsa na uku a ƙarƙashin Griaule, littafinsa kan addini da tsafin Songhai ya fito a 1960, kuma har yau manazarta na komawa gare shi.

Muhimmin abin da ya faru a wannan zango ba a Faris ya faru ba. A 1954 ya koma Ayoru da majigi da janareta, ya kafa farin ƙyalle, ya nuna wa masuntan fim ɗin da ya yi da su na farautar dorina, Bataille sur le grand fleuve. A wancan zamani majigin Turawa, a Nijar ko a Arewacin Nijeriya, don a koyar da talakawa tsafta da noma yake zuwa, ba wanda ke tambayar ra'ayinsu. A Ayoru masu kallo suka yi gyara. Suka ce kiɗan da ya sa a kan farautar kuskure ne, domin a shiru ake bin dorina, tana jin sauti. Rouch ya cire kiɗan, daga nan kuma ya rage amfani da kiɗan da ba na wurin ba ƙwarai. A daren ne wani maharbin zaki ya gayyace shi ya zo ya ɗauki tasu farautar, abin da ya zama La Chasse au lion à l'arc bayan shekaru na zuwa da dawowa, Damouré kuma ya kawo shawarar su yi fim wanda za su taka rawa a ciki. Wannan dawo da fim ga masu shi, a ji ta bakinsu, a kuma samo fim na gaba daga bakin nasu, shi ne abin da Rouch ya kira nazarin al'ada na tarayya.

Hauka

A shekarar 1954 ɗin dai ya tafi Gwalkwas, wato Gana ta yau, don binciken 'yan ci-rani daga Nijar, aikin da ya fito a 1956. A Accra, wadda Hausawan zango ke kira Ankara, shugabannin wata ƙungiyar masu iskoki suka nemi ya ɗauki bikinsu na shekara. Sunan ƙungiyar Hauka, kuma ba sai an fassara wa Bahaushe ba. Asalinta a ƙasar Kurfai ne, yankin Filinge, inda a wajen 1925 wasu sababbin iskoki masu siffar sojoji da hukumomin Turawa suka fara hawan wata mata mai suna Shibo da mabiyanta. Kwamandan Faransa Crocicchia ya kama su ya ɗaure, amma maimakon abin ya mutu sai shi kansa ya shiga jerin iskokin da sunan Kwamanda Mugu. A ƙasar Arewa, wajen Dogon Dutsi, Babule ake ce musu. 'Yan ci-rani ne suka kai su bakin teku.

A rana ɗaya aka ɗauki Les Maîtres fous, a wani gida a bayan gari, da kyamarar da ake ɗaure wa zare, wadda ba ta wuce daƙiƙa ashirin da 'yan kai kafin ta tsaya. An ga leburori da 'yan dako iskoki sun hau su, idanu sun juye, kumfa na zuba, wannan Gwamna, wancan Janar, ga direban jirgin ƙasa, ga matar likita. An ga sun yi taron shawara, sun yanka kare sun ci. A wani wuri da aka fasa ƙwai a kan gunkin Gwamna, Rouch ya yanke hoton ya kawo Gwamnan Ingila na gaske a faretin soja da farin gashin tsuntsu a hularsa. Wannan yanka guda ita ce hujjar fim ɗin gaba ɗaya, kuma a nan ne Rouch ya tashi daga mai tattara bayani ya koma mai fim irin na maƙala, wanda ke yin tunaninsa a bainar jama'a ta hanyar jera hoto kusa da hoto. A ƙarshe ya nuna mutanen washegari suna murmushi a bakin aikinsu, wasu na haƙa rami a gaban asibitin masu taɓin hankali, yana raya cewa wataƙila bikin ne maganin da ke hana su haukacewa.

Da aka nuna shi a Musée de l'Homme a 1955 ba wanda ya ji daɗi. Griaule ya nemi a lalata shi, ɗaliban Afirka da ke wurin, ciki har da Paulin Vieyra, suka ga cin mutunci ne da zai ƙara wa masu wariya hujja, hukumomin Ingila suka hana nuna shi a ƙasashen da suke mulka saboda ya taɓa martabar Gwamna. Rouch bai lalata shi ba. Ya ci kyauta a Venis a 1957, ya yi tasiri a kan wasan kwaikwayon Jean Genet da na Peter Brook.

An daɗe ana karanta fim ɗin a matsayin shaguɓe ga mulkin mallaka, wato talakawa na kwaikwayon masu mulkinsu don su yi musu dariya. Paul Henley ya ƙalubalanci wannan fahimta, yana mai nuna cewa mahalarta bikin da bukatunsu suka zo, na lafiya da haihuwa da neman tsari, kuma ƙarfin iskokin suke nema. Wanda ya san bori zai fi karkata ga wannan. Wanda iska ya hau ba wasa yake yi ba a wajen masu abin, ba a kuma zuwa gaban iska don a yi wa wani ba'a. Matsalar ita ce mai kallo ba shi da hanyar tantancewa, domin daga farko har ƙarshe muryar Rouch ce ke gudana, ita ke faɗin abin da Gwamna ya ce da abin da Janar ya amsa. Sautin bikin na can ƙarƙashi kamar ruwan da ke bin ƙasan gada.

Miƙa makirfo

Kamar dai ya gane hakan, sai fina-finai biyu da suka biyo baya suka bi wata hanya. A Jaguar, Damouré da Lam Ibrahim Dia, Bafulatani makiyayi, da Illo Gaoudel masunci, sun taka rawar samari uku da suka bar Ayoru suka gangara Gwalkwas neman kuɗi, ta Dahomai da Togo har kasuwar Kumasi, hanyar da ta yi kama da wadda fataken goro suka sani tun kafin Turawa. Ba rubutaccen labari. Da safe a shawarta abin da za a yi, a yi shi a cikin mutanen gaske da kasuwar gaske. Tun da ba a iya ɗaukar sauti tare da hoto a lokacin, sai bayan shekaru aka zaunar da su a gaban hotunan suna kallo suna hira, suna zolayar juna, suna yi wa mutanen da suka gani a hanya sharhi kamar su ne masu binciken. Hirar tasu ita ce sautin fim ɗin, wanda bai fito ba sai 1967.

Moi, un noir, wanda aka ɗauka a unguwar Treichville ta Abijan a 1957, ya fi wannan nauyi. Jigonsa Oumarou Ganda ne, ɗan Yamai, tsohon sojan Faransa da ya yi yaƙin Indocina ya dawo ya zama ɗan dako a tashar jiragen ruwa. Shi da abokansa sun ari sunayen taurarin sinima, shi Edward G. Robinson, wani Eddie Constantine. A kan hotunan rayuwarsu ta mako guda Ganda ya yi magana yadda ta zo masa, yana fahariya, yana mafarkin zama zakaran dambe, yana ƙorafin talauci, daga ƙarshe yana tafe a bakin ruwa yana kwatanta yadda ake faɗuwa ƙasa a fagen fama. Ba a saba jin ɗan Afirka talaka yana faɗin ransa da tsawo haka a sinimar Faransa ba. Fim ɗin ya ci kyautar Louis Delluc ta 1958, Jean-Luc Godard ya yaba masa matuƙa, kuma ana ganin sawunsa a fina-finan matasan Faransa da suka biyo baya. Abin da Rouch ya gano shi ne mutum kan faɗi gaskiyar da ba zai faɗa a hira ba idan aka ba shi suna na aro ya ɓuya a bayansa. Ba abin mamaki ba ne ga wanda ya fara da kallon hawan iska.

A bazarar 1960 ya juya kyamarar ga ƙabilarsa. Tare da masanin zamantakewa Edgar Morin suka yi Chronique d'un été, suna tambayar mutanen Faris ko suna cikin farin ciki, a lokacin da yaƙin Aljeriya ke ci. Sabuwar ƙaramar kyamara da na'urar sauti da ake ratayawa, da gwanintar Michel Brault na Kanada, suka ba da damar bin mutum a titi yana tafiya yana magana. Sun kira salon cinéma vérité don tunawa da Vertov, kuma an sha yi wa sunan mummunar fahimta. Rouch bai yi da'awar kyamara na kama gaskiyar da ke nan ko ba ta ba. Ra'ayinsa shi ne kasancewarta na tunzura mutane su faɗi ko su aikata abin da ba za su yi ba in ba ta, kuma wannan sabuwar gaskiyar ita ce abin nema. Akwai wurin da ya tambayi ɗaliban Afirka ma'anar lambar da ke hannun Marceline Loridan, suka yi ta raha don ba su sani ba, sai aka gaya musu lambar sansanin Auschwitz ce. Fuskokinsu suka sauya. Wuri ne mai ƙarfi, kuma wuri ne da ke nuna rashin tausayin hanyar, domin ya san amsar, ya kuma san za su ji kunya. A ƙarshe an nuna wa mahalarta fim ɗin suka yi ta musu kan wanda ya yi gaskiya da wanda ya yi wasa, aka bar musun a ciki.

Simiri, 1971

Daga 1967 zuwa 1973 shi da Dieterlen sun bi bikin Sigi na Dogon, wanda ake yi sau ɗaya a shekara 60. A tsakanin haka ya yi Petit à petit, inda Damouré ya je Faris yana auna kawunan Faransawa yana duba haƙoransu kamar yadda masanan Turai suka yi wa kakanninsa. Amma aikin da ya fi bayyana tunaninsa gajere ne, bai wuce minti 10 ba.

A watan Maris na 1971 mutanen Simiri a Zarmaganda sun yi kwana uku suna kiɗa don iskoki su sauko a roƙe su tsare amfanin gona daga fara, ba wanda ya sauko. A rana ta huɗu da yamma Rouch ya yanke shawarar ya ɗauki tsofaffin gangunan nan biyu, turu da bitti, kafin su ɓace. Ya kunna kyamara daga bakin gari ya shiga fili yana tafe, bai kashe ba. Makaɗan suka tsaya, shi bai tsaya ba, sai mai goge ya ci gaba, nan take iska ya hau wani manomi. Iskan kuwa Kure ne, wanda Songhai ke sa shi cikin dangin iskokin Hausa. (A nan akwai bukatar hattara, domin a bakin Songhai da Zabarmawa kalmar hausa na nufin gaɓar hagu ta kogi ma, kishiyar gurma; amma Kure dai masu bori sun san shi.) Rouch ya yi imani cewa ci gaba da ɗaukar da ya yi ne ya jawo saukar, kuma shi ma a lokacin yana cikin wani hali da ya kamanta da hawan iska, kyamara ce ta hau shi. Ana iya ganin zuzutawa a wannan kamance, tun da shi ya tashi da fim a hannu ya san duk abin da ya faru, wanda iska ya hau kuwa ba ya tuna komai. Sai dai ta bayyana abin da yake nufi da ɗaukar fim, wato a shiga cikin al'amari da jiki, a yi haɗin hotuna tun a ido yayin tafiya, a kuma yarda cewa mai ɗauka na cikin abin da ya jawo.

Suka da almajirai

A wata muhawara a 1965 Ousmane Sembène ya zarge shi da sauran masu nazarin Afirka da kallon mutane kamar ƙwari. Rouch ya kare kansa da cewa baƙo na ganin abin da ɗan gida ba ya gani. Akwai gaskiya a amsar, amma ba ta taɓa tushen zargin ba. Damouré da Lam da Tallou Mouzourane sun zama abokan aikinsa na shekaru, har suka haɗa farkon sunayensu da nasa suka kira kansu Dalarouta, suka yi Cocorico! Monsieur Poulet a 1974 da wata tsohuwar Citroën, suna raba abin da aka samu. Duk da haka kyamara a hannunsa take, a Faris ake haɗa hotuna, kuma sunan da duniya ta riƙe nasa ne. Ga kuma batun harshe. Da Faransanci Ganda da Damouré suka yi wa duniya magana. Inda mutane ke magana da harshensu, Rouch ya ƙi rubuta fassara a ƙasan hoto, yana ganin tana ɓata hoton tana raba hankalin mai kallo, ya gwammace ya ɗora tasa muryar, alhali shi kansa da tafinta yake aiki. Ga mai nazarin harshe da adabin baka wannan asara ce babba. Kirarin iskoki da take da addu'o'in da aka yi a gaban kyamararsa tun shekarun 1950 suna nan, amma a ƙarƙashin wani Bafaranshe mai daɗin murya.

Ana gane haka sosai idan aka dubi Babatu, les trois conseils na 1976, wanda aka gina kan rubutun Boubou Hama game da mayaƙin Zabarmawa da ya addabi ƙasar Gurunsi a ƙarni na 19. Tarihin waɗannan yaƙe-yaƙe da Hausa Malam Abu ya rubuta shi da ajami, Stanisław Piłaszewicz ya buga shi a 1992. A shekarar da Babatu ya je gasar Cannes ne kuma Adamu Halilu ya fitar da Shaihu Umar, wanda shi ma ya taɓo bauta da harin bayi, amma da Hausa daga bakin 'yan wasa kai tsaye. Ajiye fina-finan biyu kusa da juna aiki ne da ke jiran mai yi.

Amsar da ta fi ƙarfi ga Sembène daga Yamai ta fito. Ganda bai gamsu da zama murya a fim ɗin wani ba. Ya koyi sana'ar, ya sake ba da labarinsa na Indocina da kansa a Cabascabo, da Zabarmanci, sannan Le Wazzou polygame ya ci babbar kyautar FESPACO ta farko a 1972. Ya rasu a 1981 yana da shekara 45. Moustapha Alassane, wanda Rouch ya taimaka wa ya je Kanada wajen Norman McLaren, ya zama jagoran fim ɗin zane a Afirka ta Yamma, ya kuma yi wa fina-finan kaboyi shaguɓe a Le Retour d'un aventurier na 1966. Rouch ya buɗe musu ƙofa, wannan ba a musu. Abin da suka yi bayan sun shiga bai yi kama da nasa ba.

A Faransa ya koyar a jami'ar Nanterre, ya shugabanci Cinémathèque française daga 1987 zuwa 1991, kuma horon da ya shirya a Mozambik a 1978 da ƙananan kyamarori shi ya haifar da cibiyar Ateliers Varan. Bai daina zuwa Nijar ba. A farkon shekarun 1990 ya kai tsofaffin abokansa Holan su ga injinan iska masu ɗebo ruwa, aka yi Madame l'Eau. Zuwansa na ƙarshe don wani bikin tunawa da fina-finan Nijar ne. An yi masa jana'izar ƙasa, aka binne shi a maƙabartar Kirista ta Yamai, aka sa wa cibiyar al'adu ta Faransa da Nijar sunansa. Damouré ya rasu a 2009, Alassane a 2015. A watan Oktoba na 2024, bayan dangantaka ta ɓaci tsakanin Yamai da Faris, hukumomin Nijar suka cire sunan Rouch daga cibiyar suka sa na Moustapha Alassane, wanda suke mota ɗaya a daren Ƙonni.